Furen r = 4cos2θ: kunne biyu ko huɗu?

Malam Bello, Tudun Wada: Abin ya ishe ni. Ɗalibai na zana furen r = 4cos2θ (θ kusurwa ce, r kuma tsawon da ake aunawa daga tsakiya a kan layin kusurwar) da kunne biyu, kuma ana ba su maki. Kuskure ne. A r = a cos nθ, a ke ƙayyade tsawon kunne, n kuma yawansu: in n mara ce kunnuwa n, in cika ce 2n. Me ya sa ba a koyar da wannan tun farko?

Injiniya Sadiq, Kawo: Malam, janye kalmar "kuskure". In aka ce r nisa ce daga tsakiya, ba ta sauka ƙasa da sifili. Tsakanin 45° da 135° cos2θ na ƙasa da sifili, ba a zana komai. Kunne biyu ke saura, dama da hagu.

Malam Bello: A 90° r = −4. Sai ka juya baya, ka sa ɗigon a layin 270°. Nan kunnen ƙasa yake fitowa. Na sama kuma daga 225° zuwa 315° yake zuwa.

Malama Hauwa, Unguwar Rimi: Injiniya, in haka ne me za ka yi da r = 2 + 4cosθ? Ƙaramin zoben ciki daga 120° zuwa 240° yake, duk r ɗinsa ƙasa da sifili. Ka share shi ke nan. Ka ɗaga 2 zuwa 4, zoben ya tsuke ya koma tsini, siffar zuciya ta fito.

Injiniya Sadiq: Ku masu lissafin allo haka kuke. Je ki duba zanen ƙarfin eriya, wa ya taɓa auna ƙarfi ƙasa da sifili?

Usman, Rigasa: Malama, a r = a + b cosθ, da a ta wuce b ai siffar ƙwai ce kawai.

Malama Hauwa: A'a, ƙanena. Sai a ta kai ninki biyu na b lotsawar ke ɓacewa. Zana r = 3 + 2cosθ, ka dubi gefen hagu, a lotse yake.

Usman: Na zana a kalkuleta, guntun layi na gani.

Malama Hauwa: Tana kan digiri, kai kuma ka ba θ iyaka 6.28. Mayar da ita radiyan, ma'aunin kusurwa da cikakken zagaye yake kusan 6.28, ko ka sa 360.

Injiniya Sadiq: Ko r = 4cos3θ kunne uku ne ta kowace hanya. Ina kuskuren?

Malam Bello: Don abin da ya faɗo ƙasa da sifili daga 30° zuwa 90° kan kunnen 240° yake sauka, shi ya sa ba ka gani ba.

Shugaban zaure, Malam Garba: Mu tsaya nan. Malam Bello da Malama Hauwa sun kawo hujja da lambobi, kunne huɗu ne. Injiniya dai maganar eriya ya kawo. Usman, gyara kalkuletarka ka turo mana hoton r = 3 + 2cosθ.