Mun san fuskar, ba mu san sunan ba: Pete Postlethwaite

Sani Kurna: Jama'a, akwai 'yan wasan da ba a manna hotonsu a bango, amma da sun shigo fim sai jarumin ya koma kamar ɗan rakiya. Nawa shi ne Baturen nan na Ingila mai fitattun ƙasusuwan kunci, Pete Postlethwaite. An haife shi a Warrington a 1946, ya rasu a Janairun 2011 bayan fama da ciwon daji. A wane fim kuka fara haɗuwa da shi?

Bala Direba: Ni a gidan kallo ne, zamanin kaset. Fim ɗin Jurassic Park na biyu, na 1997, inda ya fito a Roland Tembo, maharbin da bai nemi ko sisi ba, shi dai a bar shi ya farauci namijin babban dodon nan. Mu duk "Mai Sanƙo" muke ce masa. Mun ɗauka shi ne bos, muna jira dodo ya haɗiye shi, sai ga shi a ƙarshe an yi masa tayin aiki ya ce ba ya so, saboda abokinsa ya mutu a wurin farautar. Sunan jarumin fim ɗin kuwa har yau sai na yi tunani kafin ya zo mini.

Maman Ilham: Malam Bala, kai ka gan shi da bindiga, ni kuwa kuka ya sa ni. In the Name of the Father ne, na 1993. Ya fito a Giuseppe Conlon, uban da ya tashi daga Belfast don ya taimaki ɗansa da aka ƙaga wa laifin tayar da bam a Guildford a 1974, shi ma aka haɗa da shi aka ɗaure. Labarin gaskiya ne: uban ya mutu a kurkuku a 1980, ɗan bai fito ba sai 1989. Abin da ya kama ni shi ne yadda yake tafiya a sunkuye yana tari, ɗan na yi masa tsawa shi kuma yana amsawa a hankali. Babanmu haka yake in ransa ya ɓaci, ba ya ɗaga murya, shi ya sa ban iya gama kallon a zama ɗaya ba. Shekara 11 kacal ya ba Daniel Day-Lewis da ya fito a ɗansa, amma wa zai ce? Da wannan aka sa shi takarar Oscar, bai dai samu ba.

Sani Kurna: Gaskiya ne Hajiya. Kuma ba daga sama ya faɗo ba. Koyarwa ya fara, sannan ya koyi wasa a makarantar Bristol Old Vic, ya daɗe a dandalin Everyman na Liverpool tare da su Julie Walters da Bill Nighy. Ya kusa hamsin kafin duniya ta san shi.

Aminu Ɗalibi: Yayyena, ni a ƙurarren lokaci na same shi. A Inception na 2010 tsoho ne a gadon jinya, kalmominsa ba su da yawa. A shekarar dai na gan shi a The Town yana sayar da furanni, yana gyara ƙayar fure yana yi wa mutum barazanar kisa ba tare da ya ɗaga murya ba. Ya rame ƙwarai, na ɗauka kwalliyar fim ce, bayan 'yan watanni aka sanar da rasuwarsa.

Bala Direba: Allah sarki. To wanda ya fito lauyan nan Kobayashi a The Usual Suspects fa, shi ne ko wani ne mai kama da shi?

Aminu Ɗalibi: Shi ne Baba Bala, 1995 ke nan. Ka nemi Brassed Off ma, inda yake shugabantar 'yan badujalar ma'aikatan haƙar kwal ana shirin rufe musu mahaƙa.