Aktan Gurbi Ne Ko Tauraro? Musayar Waƙa a Bakin Kusugu

Ɗan Kusugu:
Assalamu alaikum, ma'abota alƙalami. Na zo da kalma ɗaya da ta daɗe tana ci mini tuwo a ƙwarya tun da na fara koyar da nazarin labari, wato aktan, wadda masanin ilimin alamomi Algirdas Greimas, ɗan asalin Lituwaniya da ya yi aikinsa a Faransa, ya aro daga nahawu ya shigar da ita nazarin labari a shekarar 1966. A bakinmu za mu kira shi Giremas. Na sha ganin ɗalibai suna fassara kalmar da tauraro, kuma wannan kuskure yana damuna ƙwarai. Wanda ya ga gyara ya shigo da waƙa.

Da sunan Ilahi nake buɗewa,
Gwanin da ya ƙagi harshen furtawa.

Ku taso ku ji ni, ma'abota nazari,
Akwai wata kalma da ke ruɗarwa.

Tesniyar masanin nahawu ya fara,
A jumla ya sa ta wajen tantancewa.

Ya ce aikatau shi ne uban tafiya,
Mahalarta aikin suna kewayewa.

Da mai yi, da wanda aka yi a kansa,
Da mai karɓa, uku ne ba ƙarawa.

Giremas ya ɗauka ya kai labari,
Ya mai da su shida yana jerawa.

Da mai nema, da abin da yake nema,
Igiyar buri ce ke ɗaurewa.

Da mai aike, da wanda zai amfana,
Saƙo tsakaninsu ne ke wucewa.

Da mai taimako, da mai yin adawa,
A nan ake gwada ƙarfin iyawa.

Ku lura da kyau, aktan gurbi ne,
Ba tauraro ba ne mai numfasawa.

Kamar dai sarautar Galadima ce,
Mutum na wucewa, tana wanzuwa.

Gimbiyar Alƙalami:
Wa alaikumus salam, Malam.

Na ji ka Malam, na karanta,
Kalmar baƙi ka fassara ta,
Saura ka gwada mana ƙarfinta,
A kan labarin garinku Daura.

Kai da ka ɗauki sunan rijiya,
Ka bar ta ka miƙa doguwar tafiya,
Ka ɗebo ruwa a wata nahiya,
Guga na hannu, ka ƙi ka zura.

Bari in cike maka guraben shida,
Mai nema dai shi ne Bayajida,
Baƙo da dare ya sauka a gida,
Ya roƙi ruwa, aka ce ba saura.

Ayana ce ta yi masa bayani,
Macijin nan Sarki ya yi hani,
Sai ran Juma'a, damina da rani,
Kwana shida kowa sai ya jira.

Mai aikensa ba kowa ba ne, ƙishi,
Ruwa ne abin da ke gabanshi,
Maciji ne ya tare masa shi,
Wuƙar maƙeran Gaya ta sara.

Masu amfana jama'ar gari,
Da suka ga ƙarshen wannan ɗauri,
Ga shida cif, ban bar wuri,
In akwai kuskure, Malam ka gyara.

Ɗiyar Gobir:
Allah ya ƙara basira, Gimbiya. Malam ya kawo tukunya, amma ke kika ɗora ta a kan murhu, kuma ban ga wanda zai zo bayanki ya ƙara gishiri ba.

Baƙon Damagaram:
Ina gaida Malam da Gimbiya. Na karanci waɗannan masana da Faransanci a Yamai, don haka zan fara da ƙaramin gyara: sunan masanin nahawun nan Lucien Tesnière, ana furta shi Tenyar, ba a jin harafin "s", kuma littafinsa ya fito ne a 1959, shekara 5 bayan rasuwarsa. Sannan ba daidai ba ne a tsallake Vladimir Propp, wanda a 1928 ya wallafa nazarin tatsuniyoyin Rasha 100, ya fitar da ayyuka 31 da fagagen aiki 7, domin yana cikin waɗanda Giremas ya tace aikinsu kafin ya kai ga shidansa.

Gimbiya, kin yi ƙoƙari na yaba,
Amma kin tsaya a bakin rijiya.

Labarin bai ƙare da saran kai ba,
Gari ya waye, akwai sauran tafiya.

Kafin Giremas akwai Baladimir Purof,
Ɗan Rasha mai nazarin tatsuniya.

Cikin guda bakwai da ya lissafa,
Akwai wanda ya kira jarumin ƙarya.

Da safe a Daura ai an gan su,
Kowa na cewa shi ne ya iya.

Daurama ta ce a kawo shaida,
Kan maciji shi zai nuna gaskiya.

A nan ta zauna gurbin mai aike,
Mai auna aiki, mai yin sakayya.

Ta ba da rabin gari, ya ƙi karɓa,
Ya ce shi aure yake so da sarauniya.

Nan take sai ta koma abin nema,
Mai yanke hukunci ta zamo amarya.

Mutum guda kan riƙe gurbi biyu,
Taron mutane su cike gurbi ɗaya.

Mai suna da fuska aktar ake ce masa,
Aktan kuwa aikin ne tsagwaro, Gimbiya.

Ɗan Maraɗi:
Madalla da ɗan'uwa. Wanda ya sha ruwa a tushe dabam yake da wanda aka sammasa a moɗa, kuma ina fata Ɗiyar Gobir ta ga wanda ya ƙara gishirin.

Ɗiyar Gobir:
Iya furta sunan Bature ba shi ne fahimtar labarin Daura ba, ɗan'uwa. Da Gimbiya ba ta shimfiɗa tabarmar ba, da ba ku sami inda za ku zauna ba.

Sarkin Kari:
Ni ba na tsoma baki a zancen masanan Turai, amma kunnena bai amince da abin da ya ji ba, kuma ba zan yi shiru a kan haƙƙin waƙa ba.

Baƙon Damagaram, ilmi ka kawo,
Amma ka zubar da shi wajen kari.

Ɗangonka na farko gaɓa sha ɗaya ne,
Na ƙirga da yatsa cikin haƙuri.

Da ka zo kan Purof sai ga sha uku,
Sunan baƙo ya ɓalle maka ɗauri.

Kai ma Ɗan Kusugu ban ƙyale ka ba,
Amsa-amon "wa" ba ya son nazari.

Kowane aiki ka liƙa masa wa,
Ya zamo baiti, to ina gwanintar tsari?

Wanda bai iya auna ɗango ba,
Yaya za shi auna mana labari?

Almajirin Halilu:
Da girmamawa nake amsa wa Sarkin Kari, domin ƙorafin nasa ya ginu a kan ƙirga, alhali aruli, wato ilimin auna waƙa da Halilu ya tsara, bai ginu a kanta ba.

Sarkin Kari, ka ƙirga da yatsa,
Aruli kuwa aikinsa da ma'auni.

Halilu na Basra bai ƙirga gaɓa ba,
Wasali da ɗauri ya sa a mizani.

A karin Kamil gaɓa biyu marasa nauyi,
Kan koma guda mai nauyi, ba saɓani.

Fa'ulun ba kalma ba ce mai ma'ana,
Gurbi ne mai jiran kalmar gwani.

Maciji, maƙeri, duk su fa'ulun ne,
Ɗaya ya fita, a maye shi da wani.

Haka aktan yake a cikin labari,
Ka daɗe da saninsa, sunan ne na zamani.

Sarkin Kari:
Na yarda da zancen Kamil, domin haka aka koya mana shi. Abin da nake nema shi ne a nuna mini cewa waƙar Baƙon Damagaram a kan Kamil take tafiya tun daga baitin farko, kafin a ba ta rangwamen da Kamil ke bayarwa. Har yanzu ba a nuna ba.

Ƙaramin Ɗalibi:
Ku yi haƙuri da tsoma bakin yaro, tambaya ce ta hana ni barci.

Ni ɗalibi ne, ku yi mini uzuri,
Na ɗauki Gizo na sa shi a tsari,
Yunwa ta aike shi cikin gari,
Shi ke nema, shi ke amfana.

Da na zo gurbin mai yin adawa,
Na duba kura, na duba giwa,
Sai na ga kwaɗayinsa ne ke kayarwa,
Ko hali ma aktan ne? Ku faɗa mana.

Gimbiyar Alƙalami:

Ku ajiye ƙirga, ku ajiye mizani,
Baƙon Damagaram, ka saurare ni,
Gyaranka na karɓa, ya yi amfani,
Amma akwai inda ya kamata ka lura.

Ka ɗauki burin baƙo ka bi shi,
Duk guraben ka jera su a kanshi,
Shi ya sa Magajiya ta koma bayanshi,
Ta zamo lada ga wanda ya sara.

Juya ka fara daga fadarta,
Ita ce mai nema, gari ne nata,
Buɗe Kusugu shi ne burinta,
Baƙo taimakonsa kawai ya ƙara.

Shi ma macijin yana da nema,
Ya riƙe rijiya ba gardama,
A gunsa baƙo ne mai tsangwama,
Ya zo cikin dare ya tayar da ƙura.

Labari guda ne, jeri uku,
Ya danganta da mazaunin idonku,
Wannan za ku koya wa ɗalibanku,
Su tambayi "burin wa?" kafin su fara.

Baƙon Damagaram:
Sarkin Kari, na ji ƙorafinka, kuma zan amsa shi a lokacinsa, domin maganar Gimbiya ta fi gaggawa.

Gimbiya, ban musa ba, kin yi daidai,
Giremas ma ya iso nan daga baya.

Ya ce mai nema yana da kishiya,
Su biyu suna ja a kan abu ɗaya.

Amma mai ba da labarin ya zaɓa,
Tun Bagadaza baƙo ya bi a hanya.

Ya bi shi Borno, ya bi shi Garun Gabas,
Bai kai mu fada ba sai ƙarshen tafiya.

Mai nazari na da 'yancin juyawa,
Amma ya faɗa cewa shi ne ya juya.

Ɗan Kusugu:
Ku gafarce ni, kwana uku ina kan duba takardun jarrabawa, sai yau na samu na zauna na bi baitocinku ɗaya bayan ɗaya. Na karɓi gyaran sunan Tenyar, na gode. A cikin takardun nan akwai wadda ta tsaya mini a rai: wata ɗaliba ta zana gurabe shida da jan biro, layi tsaf, ta cike biyar da sunayen mutane, amma da ta zo gurbin mai aike sai ta rubuta "babu", domin a labarin da aka ba su babu wani sarki ko uba da ya tura jarumin, talauci ne ya fitar da shi daga gida. Ta ga talaucin, har ta ambace shi a shafi na gaba, amma kalmar tauraro ta hana ta ba shi kujera. Wannan ita ce amsar Ƙaramin Ɗalibi: ƙwarai kuwa, kwaɗayin Gizo yana iya zama mai adawa da shi, kamar yadda ƙishi ya zama mai aike a baitin Gimbiya, wuƙa ta zama mai taimako. Shi ya sa nake roƙon mu riƙa cewa gurbin aiki idan muna son fassara aktan, mu bar wa tauraro mai suna da fuska.

Na dawo da "wa" ɗina, Sarkin Kari,
Ka ce mai arha ne, amma yana isarwa.

Gimbiya, gugan da kika ce na riƙe,
Kin zura, kin sha, har da shayarwa.

Tambayar "burin wa?" na karɓe ta,
Gobe da ita zan buɗe koyarwa.

Amma dukkanku kun tsaya a aure,
Alhali akwai sauran haihuwa.

Bagwariya ta haifi ɗa namiji,
Karɓagari ta sa masa, ba ɓoyewa.

Daurama ta haifi nata, ta ce Bawo,
A maido gari, shi take cewa.

Suna alama ne, ku dubi biyun nan,
Abin nema suke ambatawa.

Ba ruwa ba ne, kuma ba aure ba,
Gari ne ake ja wajen karɓewa.

Sarkin Kari:
Gurbin aiki ta fi aktan daɗin zama a ɗango, wannan kam na amince. Amma baitin Purof yana nan a karye, kuma ina jiran mai shi.

Gimbiyar Alƙalami:

To Malam, in gari ne abin nema,
Mata biyu ne ke yin gardama,
Bayajida ya koma gefe shi ma,
Wane gurbi za ka ba shi a Daura?