Sylvia Chang ta Hong Kong ce ko ta Taiwan?

Baban Ummi: Jama'a, na ga an saka Sylvia Chang cikin jerin matan da suka yi fice a finafinan harshen Kantonis, wato harshen mutanen Hong Kong. Ni ban yarda ba. A Taiwan aka haife ta a 1953, Mandarin ne harshen gidansu. Baƙuwa ce da ta ci kasuwa a Hong Kong, shi ke nan.

Anti Ladi: Haba Baban Ummi. To Hadiza Gabon fa? A Libreville aka haife ta, wa ya isa ya ce ba 'yar Kannywood ba ce?

Malam Sani: Ga kuma Aces Go Places na 1982, inda ta fito a 'yar sanda mai zafin kai tare da Sam Hui da Karl Maka. Fim ɗin ya karya tarihin cinikin tikiti a Hong Kong, kuma da Kantonis aka yi shi.

Baban Ummi: Malam, ka san yadda ake aiki a lokacin. Ba a ɗaukar sauti a wurin aiki, sai daga baya a shiga situdiyo a ɗora murya, kwafi ɗaya na Kantonis, ɗaya na Mandarin saboda kasuwar Taiwan. Fitowa kaɗai ba hujja ba ce.

Anti Ladi: To mu bar fitowa, mu zo kan alƙalami. Passion na 1986 ita ta rubuta, ita ta ba da umarni, ita ta ja fim ɗin, kuma Hong Kong ta ba ta kambun jarumar shekara. Labarin All About Ah-Long na 1989, wanda Johnnie To ya ba da umarni, ita da Chow Yun-fat suka ƙirƙiro shi: uba lebura yana renon ɗansa shi kaɗai, uwar ta dawo daga Amurka bayan shekara goma tana neman yaron. Wanda bai san zaman talakan Hong Kong ba, ta yaya zai iya tsara wannan? Fim ɗinta Tempting Heart na 1999 ma ya ci kyautar rubutu a can.

Ɗan Auta: Anti, a yi mini afuwa, amma kyautar nan ba ta raba gardama. Fim ɗinta Love Education na 2017 da Mandarin aka yi shi, labarin rikicin tone kabarin uba ne a babban yankin Sin, kuma shi ma Hong Kong ta ba shi kyautar rubutu. Ba harshe suke dubawa ba.

Baban Ummi: Yauwa ƙanena! Ka ƙara da That Day, on the Beach na Edward Yang, 1983, wanda ta fito a ciki. Wannan ai na Taiwan ne zalla.

Malam Sani: Ba wanda ya hana Taiwan rabonta. Kai ne ka ce a cire ta daga jerin gaba ɗaya, nan ne ka zarce.

Baban Ummi: A bar ta a jerin, amma a rubuta "'yar Taiwan" gefen sunanta.

Anti Ladi: Sai ka fara da Jackie Chan, tunda iyayensa ma daga babban yankin Sin suka zo.