Kotu ta ce a mayar da ni bakin aiki, an hana ni shiga: wa ya taɓa fuskantar haka?

Wanda ya buɗe zancen:
Assalamu alaikum 'yan'uwa. Shekara huɗu na yi ina shari'a da wata hukumar gwamnati da ta sallame ni ba bisa ƙa'ida ba. Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ta ce a mayar da ni, a kuma biya ni albashin da aka riƙe. Wata ranar Litinin na shirya tun da asuba, na tafi da kwafin hukuncin a cikin leda. Mai gadin da muka shekara muna gaisawa ya sunkuyar da kai, ya ce an ba shi umarni kada in wuce ƙofa. Yau wata biyar ke nan. Don Allah wanda ya taɓa shiga irin wannan ya faɗa min yadda ya fita.

Wani tsohon akawu:
Wa alaikumus salam. Ɗan'uwa, Allah ya kawo mafita. Ni ma haka aka yi min. Lauyana ya sa aka fitar da Fom 48, takardar da ke gargaɗin cewa wanda ya ƙi bin umarnin kotu zai iya zuwa gidan yari. Da suka yi biris, sai Fom 49, wadda ke kiran mutum ya zo ya faɗi dalilin da zai sa ba za a ɗaure shi ba. Amma ka kula da inda muka yi tuntuɓe: an bar takardar a wurin sakatariya. Alƙali ya kori buƙatarmu, ya ce magana ce ta 'yancin mutum, dole a damƙa wa shugaban hannu da hannu, ko a nemi izinin kotu a isar ta wata hanya. Wata bakwai muka yi asara. Da muka sake, aka yi daidai, sati bai zagayo ba wasiƙar komawa aiki ta fito.

Wata ma'aikaciyar jinya:
Malam, ka raba abin gida biyu. Komawa aiki daban, kuɗi daban. Ba a cika karɓo kuɗi ta hanyar tuhumar raina kotu ba. Kotu ake nema ta umarci bankinsu ya cire daga asusunsu ya ba ka. In kuɗin na hannun jami'in gwamnati ne, sashe na 84 na dokar aiwatar da hukunci ya ce sai Antoni Janar ya amince. A nan nawa ya maƙale kusan shekara biyu, ga yara a makaranta.

Wani malamin jami'a:
Za su ce maka sun ɗaukaka ƙara. Ka tambaye su ko suna da umarnin dakatar da aiwatar da hukunci, don ɗaukaka ƙara kaɗai ba ta tsayar da shi. Mu an nuna mana haka a 2022: ranar 21 ga Satumba kotu ta umarci ƙungiyarmu ta malaman jami'o'i, ASUU, ta koma aji, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ce a fara bin umarnin tukuna, ranar 14 ga Oktoba aka janye yajin aikin. Ranmu bai so ba, amma mun bi. Abin da ke ci min rai shi ne ganin masu ɗaukar aiki ba sa yin irin wannan biyayyar.

Wanda ya buɗe zancen:
Na gode ƙwarai, Allah ya saka da alheri. Yanzu na kira lauyana, ya ce tabbas ba su da umarnin dakatarwa. Gobe da safe za mu je rajistar kotu neman Fom 48, kuma na roƙe shi in raka ma'aikacin kotun da zai kai ta.