Mutum Ne ko Kaya? Musayar Baitoci kan Roberto Andorno

Mai Alƙalami:
Ina yi muku sallama, ma'abota baiti,
Da labarin wani masanin shari'a ɗan Ajantina.
An haife shi a Santa Fe a 1961,
Roberto Andorno shi ne cikakken suna.
Ya yi digirin dakta a Buenos Aires, ya ƙara a Faris a 1994,
Kuma tambaya guda ya sa a gaba ya auna:
Ɗan tayin da aka haɗa a ɗakin gwaji aka daskarar,
Mutum ne ko kaya, me doka za ta nuna?

Ɗalibar Likitanci:
Malam, a gafarce ni, ina da ja a zancen,
Andorno ya dogara da mutuncin ɗan Adam, amma akwai masu shakka kan kalmar mutunci.
Ruth Macklin ta Amurka ta rubuta a 2003
Cewa kalmar ba ta ƙara komai a likitanci.
In an nemi yardar majiyyaci kafin a sa masa wuƙa,
Ai an biya shi haƙƙinsa, an kiyaye masa 'yanci.

Mai Alƙalami:
'Yar'uwa, ki je asibiti ki dubi gadon ƙarshe,
Ga wanda ya daɗe a sume, na'ura ke ba shi numfashi.
Ba ya iya cewa e, ba ya iya cewa a'a,
Takardar yarda tana ajiye, ba hannun da zai tashi.
Duk da haka mai jinya tana jan labule,
Ta rufa masa asiri kafin ta wanke shi.
Zaɓi ya kuɓuce masa, to me take karewa,
In ba mutuncin da Andorno yake magana a kan shi?

Tsohon Alƙali:
'Ya'yana, Andorno ya zauna a kwamitin ɗa'ar likitanci na UNESCO daga 1998 zuwa 2005,
Shekarar da, kan ɗa'ar likitanci da haƙƙin ɗan Adam, ƙasashe suka amince da wata sanarwa.
Sashe na 3 ya fifita maslahar mutum kan buƙatar kimiyya zalla,
Sai dai sanarwa ba doka ba ce, ba ta ɗaurewa.
A 2017, yana Zurich, shi da Marcello Ienca
Suka kawo haƙƙoƙi huɗu na kare ƙwaƙwalwa,
Har da sirrin tunani, kada na'ura ta leƙa.

Ɗalibar Likitanci:
Baba, labulen mai jinya na gan shi da idona,
Amma wa zai ja wa ƙwaƙwalwa labule in ba doka?