Kotu ta ce a sake duba ƙarin girman yayana, sun ce bai cancanta ba. Raina kotu ne?

Ƙanwar Yaya:
Salamu alaikum jama'a, dan Allah masu ilimin shari'a a taimaka min. Yayana aka tsallake a ƙarin girma a wajen aikinsu, na bayansa duk an ɗaga su shi yana nan mataki ɗaya, wai shekarun da ya yi yana aikin wucin gadi kafin a tabbatar da shi ba sa cikin lissafi. Ya kai ƙara ya ci, alƙali ya ce a sake duba cancantarsa cikin wata uku. To sun zauna, sai ga takarda layi huɗu kacal wai kwamiti ya duba bai cancanta ba. Yanzu sai faɗa yake sai ya sa an ɗaure shugaban ma'aikatar kan raina kotu. Zai yiwu kuwa?

Tsohon Magatakarda:
Wa alaikumus salam ƙanwata. Ki ce ya ɗauko hukuncin ya karanta ƙarshensa a tsanake, dan nan ne yawancin mutane ke faɗawa rami. "A ba shi ƙarin girma" daban, "a duba ko ya cancanta" daban. In na biyun aka rubuta kuma suka zauna suka duba, ko da sakamakon bai yi masa daɗi ba, lauyansu zai miƙe ya ce ai mun bi umarni, kuma alƙalin da ke sauraron ƙarar raini ba ya sake buɗe batun wa ya cancanta, abin da yake nema kawai shi ne an ƙi bin umarni da gangan ko a'a. Kotun ƙolin Indiya ta faɗi haka a 1996 a shari'ar J.S. Parihar, kan jerin girman ma'aikata, ta ce in an fitar da sabon jeri ko da kuskure ne to sabuwar ƙara za a shigar, ba ta raini ba.

Ba Sani Ba Sabo:
Haba malam, wlh wannan rainin hankali ne tsagwaronsa. Layi huɗu fa! Ai da ma sun rubuta amsar kafin su zauna, shan shayi kawai suka yi.

Tsohon Magatakarda:
Ni ma zuciyata ta faɗa min haka ɗan'uwa, amma kotu hujja take so, kuma tunda magana ce ta ɗauri hujjar sai ta yi ƙarfi sosai. Ƙanwata, a cikin hukuncin alƙali ya taɓo maganar shekarun wucin gadin?

Ƙanwar Yaya:
Na kira shi ya karanto min. Eh akwai, an rubuta a lissafa masa shekarun sannan a duba. Takardar tasu kuma dalilin da ta bayar shi ne shekarunsa ba su kai ba, wato tsohon zancen dai.

Lauya Mai Jiran Gado:
To hajiya yanzu magana ta canja. In kotu ta riga ta yanke a lissafa shekarun suka dawo da dalilin da aka rushe, wannan ba dubawa ba ce, akwai ƙofar raini. Sai dai a kula da ƙa'ida, nan ake kayar da irin ƙarar nan tun ba a shiga cikinta ba. Dole a nuna an miƙa umarnin ga shi jami'in da ake son a hukunta hannu da hannu, ba a ajiye wa masinja a ƙofar ofis ba. A Najeriya sai an bi ta fom 48 mai gargaɗi sannan fom 49 mai kiran jami'in ya zo ya faɗi dalilin da zai hana a ɗaure shi, a Indiya kuma dokarsu ta raina kotu ta 1971 shekara ɗaya ta bayar a shigar da ƙarar, in ta wuce shi ke nan. Ya kuma bincika ko sun ɗaukaka ƙara har an dakatar da hukuncin, dan ɗaukaka ƙara kaɗai ba ta dakatar da shi. Maganar ɗauri kuwa ya rage buri, galibi da sammaci ya isa teburin oga za ki ga an kira sabon zaman kwamiti da gaggawa. Lauyansa ya nemi rahoton zaman farkon tun yanzu.