Wa ya taɓa zana taswirar duniyar da ba ta tsayawa wuri ɗaya?

Mai tambaya, daga Tawa:
Salamu alaikum ƴan'uwa marubuta. Wata bakwai ke nan ina sakin labarina kashi-kashi a WhatsApp. Yarinya ce ta faɗa rijiya, ta ɓulla wata duniya inda duwatsu ke ƙaura da dare, gabas ta yau ta zama kudu gobe. Da farko daɗi nake ji, don ba mai kama ni da kuskure. Sai a kashi na 14 wata mai karatu ta aiko mini: "Yaya, in ƙasar ba gaba ba baya, me zai sa gabana ya faɗi in yarinyar ta ɓace? Ai dama a ɓace take." Kwana biyu ban taɓa biro ba.

Daga baya na ƙago abin da na kira kafin taswira, daga kafin nan da tsofaffi ke cewa ana binnewa in za a kafa gari. Yarinyar na kafa turaku huɗu, ta zagaye su da zare, duk abin da ke ciki ya tsaya cak, sannan ta zana shi a fatar akuya. Amma yanzu abin ya yi mata sauƙi da yawa. Wanda ya taɓa shiga wannan rami, ya faɗa mana yadda ya fito.

Jikar madugu, daga Yamai:
Wa alaikumus salam. Ƙanena, ka ɗaga kai sama. Kakana ya bi ayarin gishiri zuwa Fashi da Bilma, kuma ya sha ce mana tudun rairayin da ka bari bara ba lalle ka same shi bana ba, amma Kaza da ƴaƴanta, taurarin nan, tana nan inda ka san ta. A nawa labarin, mai taswira ba ta zana ƙasa ko kaɗan. Taurari take zanawa, da ƙanshin iska, da yawan kwanaki tsakanin rijiya da rijiya.

Abin da ya buɗe mini ido kuwa a gidan tarihi na Boubou Hama na gan shi: busasshen itacen nan na hamadar Tenere, wanda mota ta kaɓe a 1973. Itace guda tal, amma har a taswira ana sa shi. Na daɗe tsaye ina kallonsa. Da na koma gida sai na ba duniyata itace ɗaya da ba ya motsi, na kuma sa mugun da ke cikin labarin ya nufe shi da gatari. Daga ranar masu karatu suka fara kirana da dare.

Tsohon ma'aikacin gyaran ƙasa, daga Keita:
Ɗana, turakunka ba su da laifi, zaren ne ya cika ƙarfi. Ina saurayi na yi aiki a babban shirin Keita da aka soma a 1984, mun haƙa ramukan tara ruwa masu siffar rabin wata, mun jera duwatsu, mun tsai da tudun rairayi. Ba da katanga ake tsai da shi ba. Shinge ake yi na kara ko rassa, ɗaki-ɗaki, mai ƙofofin da iska za ta ratsa ta rage gudu ta sauke yashin da ta ɗauko. In ka toshe ta sarai, sai ta haƙe gindin shingen ta kayar. Kuma shingen ruɓewa yake, aikinsa kawai ya riƙe wurin kafin itacen da aka dasa ya kama.

Tatsuniyar da nake yi wa jikoki haka take. Kafin da ke cikinta kwana arba'in yake yi. In a cikin kwanakin ba a haifi wani a wurin ba, ba a binne wani ba, ba a ɗora tukunya ba, ƙasar ta kwance ta yi tafiyarta.

Malamar lakwal, daga Tawa:
Ni kuskure na yi, in faɗa don wani ya kiyaye. Na ɗauko Jangare, birnin iskoki da ƴan bori ke cewa yana da gidaje goma sha biyu, na zuba sunayen a labarina. Innata ta ji ana karantawa, ta ce: "Wannan ba kayan wasa ba ne ga masu shi." Wani malami kuma ya ja kunnena da na sa jarumin yana bugun ƙasa da gidajensa goma sha shida, ya ce gaibu sai Allah, kada yara su ɗauka hanya ce. Duka biyun na ji maganarsu. Na goge, na ƙago gidajena da sunayena, tsarin ƙidaya gida-gida kaɗai na riƙe.

Ɗalibi, daga Yamai:
Gaisuwa ga manya. Ni tawa taswirar a bayan ƙwarya ake ƙona ta da wuƙa mai zafi. In duniyar ta motsa sai ƙwaryar ta tsage, in gyartai ya ɗinke tsagar, ƙasar ma ta haɗe. Kowane ɗinki yana cinye masa tunanin mutum ɗaya da ya sani. A kashi na ƙarshe da na rubuta, ya manta muryar uwarsa, ni kaina sai da na yi hawaye. Daga kan gadar Kennedy na samo wannan dabara, ina kallon tsibiran yashi da ke fitowa da rani, ruwa ya taso ya shafe su.

Mai tambaya:
Na gode, Allah ya saka da alheri. Baba na Keita, na karɓi kwana arba'in ɗinka, da izininka. Zaren kuma zan mai da shi wanda take warewa daga zanen da uwarta ta ɗaura mata, kowane kafi zanen na raguwa. Yaya ta Yamai, ina da tambaya: da aka sare itacen naki, da me mai taswirar ta koma gida?